Kofin Maƙwabciya

Jikar wata tsohuwa na karanta mata littafin wata ƙasa inda aka hana baƙar fata shan ruwa a famfon Turawa.

"Kai, marasa imani!" in ji tsohuwar, idonta ya ciko. "Ruwan Allah?"

Sai ga maƙwabciyarsu daga gona, wadda haƙar kuza ta kawo iyayenta Riruwai. "Iya, ƙishi zai kashe ni."

Tsohuwar ta miƙa hannu ga kofin da ta ware wa matar tun tana yarinya, don ba musulma ba ce. Hannun ya tsaya a sama.

Ta juya, ta ɗebo mata ruwa da moɗarta ta kanta.

Maƙwabciya ta yi turus. "Iya, taki ce fa."

"Na sani, 'yar nan. Sha ki rage mini."