Wanda Ba a Kira Ba

"Baba, kafet ɗin nan ya sake jiƙewa," in ji Adjara. Sau uku masu gyara na zuwa gidansu na garin Wendover, ba su ga inda ruwa ke yoyo ba.

Mahaifinta, Alhaji Mohammed-Awal, bai ɗago daga tsohuwar takardarsa ta sunayen 'yan fim ba. Shekara ashirin ya yi a Italiya yana zaɓen 'yan fim, yana taimaka wa darakta.

"Mutum arba'in na kwantar a bakin teku, su fito a gawa," ya ce. "Dokata ɗaya ce: kada kowa ya motsa sai na kira sunansa. Na tsallake Garzali. Ba shi da takardun zama, yana tsoron kora. Har ruwa ya taso ya tafi da shi bai motsa ba."

"To ka kira shi mana, ka huta."

"Ina tsoron ya amsa."

Ta fizge takardar. "Garzali, tashi!"

Ta yi dariya, ta duba ƙasa.

Kafet ya bushe ƙayau. Sai jiƙaƙƙen sawun ƙafa, ɗaya bayan ɗaya, yana nufar kujerar Baba.