Tabon Yatsar Mama

Da gari ya waye, gobara ta mai da ɗakin karatun kwalejin garinmu toka a kan ƙanƙara. Cikin tokar har da rubuce-rubucen Baba: wa'azinsa na shekara arba'in a coci, da laccocin falsafar da ya yi yana shugaban kwalejin. Wata uku ke nan da binne shi, kuma ranar Litinin ya kamata mu kai su maɗaba'a a Boston.

Na faɗa kicin ina kuka. Mama na kwaɓa fulawa.

"Mama, Baba ya sake mutuwa!"

"Ke dai akwai raki. Fyace majinar nan, ki ɗauko alƙalami da tawada."

Tana faɗa, ina rubutawa. Wa'azin farko ya fito tsaf, har wurin da Baba kan tsaya ya yi gyaran murya. Na biyu ya biyo baya, sai na uku. Hankalina ya dawo jikina.

Na ce, "Duk kin haddace? Ashe ba gyangyaɗi kike yi a coci ba!"

"Gyangyaɗi nake yi mana. Me zan saurara? Mahaifinki murya Allah Ya ba shi. Rubutuna kawai yake kwafewa, ya yanke ƙarshensa."

Sai idona ya sauka kan baƙin tabon yatsarta, wanda tun ina ƙarama take ce mini ƙunar murhu ce. Ashe tabon tawada ne.

Ta yi doguwar ajiyar zuciya, ta yi murmushi.

"Dangwalo tawada, 'yar nan. Wannan karon babu mai yanke mini ƙarshen magana."