Ranar da Koci Ya Fitar da Gwarzonsa

Tunda ka ce tsofaffin wurin aikinku sun zame muku ƙarfen ƙafa, gyara zama ka ji wannan. A wani gari na bakin teku a Koriya ta Kudu, inda ake ƙera manyan jiragen ruwa, an yi wani ɗan ƙwallo, ɗan wani maƙeri mai walda. Ɗan wasan gaba ne, gajere kakkaura, in ya ɗauki ƙwallo ya zabura sai ka ce an saki kibiya. Ma'aikata kan baro wurin aiki da baƙin mai a hannu don kawai su ga ya taɓa ƙwallo. Kocinsu kuwa wani dattijo ne mai furfura, wanda ba ya ihu, ba ya tsalle, sai dai ya tsaya a bakin layi ya goya hannuwa a baya kamar mai duba gona. Wata shekara suka kai wasan ƙarshe na cin kofin ƙasa, abin da garin bai taɓa gani ba. Rana na tsaka, fili ya cika ya batse, gwarzon nan ya riga ya zura ɗaya a raga, yana jin ta biyu na tafe. In ban da ɗan nauyi a ƙirji, wanda ya ɗauka zafin rana ne, garau yake. Can bayan hutun rabin lokaci sai ya ga an ɗaga lambarsa, wai ya fito. Ya ɗauka kuskure ne. Dattijo ya yafito shi da hannu. Fili ya ɗauki sowa da zagi, aka yi ta jifa da robobin ruwa. A ƙasarsu ɗan wasa in ya fita yakan rusuna wa kocinsa, amma shi ranar wucewa ya yi kai a sama, ya zauna a ƙarshen benci yana huci. Kafin a tashi aka farke, aka ƙara musu ɗaya. Kofi ya tafi wani gari.

Cikin makon masu kulob suka sallami dattijo, kuma ba wanda ya ce kanzil don kare shi. Amma washegari da sassafe sai ga shi a ƙofar gidan ɗan wasan, ya ce su je asibiti. Ɗan wasa ya rufe ƙofa. Da ya leƙo da hantsi, tsoho na nan tsaye. Kunya ta sa ya bi shi, yana cika yana batsewa. Likita ya haska ƙirjinsa, ya kira wani likitan. Ashe babbar jijiyar da ke fita daga zuciyarsa ce ta kumbura, fatarta ta yi siriri kamar balan-balan da aka cika wa iska. Suka ce da ya ƙara gudu kaɗan a ranar, da a fili za ta fashe, kuma da gawa za a ɗauko. Aka yi masa aiki, ya rayu, amma ƙwallo ta ƙare masa. Da ya farfaɗo ya ga dattijon zaune gefen gado, sai ya tuna ranar wasan. Dubban idanu na kansa a filin nan, ga likitan kulob, ga masu ɗaukar hoto, ga shi kansa mai ƙirjin, duk ba wanda ya ga komai. Ya ce, “Malam, don Allah me ka gani?”

Tsoho ya ce, “Tun kana saurayi, in ka yi gudu ka tsaya, ihu kake a ba ka ƙwallo. Ran nan ka daina ihun. Sai ka durƙusa kana ɗaure igiyar takalmin da ba ta kwance ba. Ban san sunan ciwon ba, ɗana. Na dai san kofi ana sake yin wani baɗi.”

Daga baya ɗan wasan shi ma ya zama koci. Ya faro daga ƙananan ƙungiyoyi, ya kai ga manya, ya ci kofuna har aka gaji da ƙirgawa, aka ba shi na'urori masu auna bugun zuciyar kowane ɗan wasa yana cikin gudu. Furfura ta cika masa kai, duk ƙasar ana kiransa gwani. Amma in aka yabe shi a gaban jama'a sai ya sunkuyar da kai, ya ce shi har yau ɗalibi ne, don ya taɓa tsayawa kusa da mutumin da ya hango mutuwa tana bin ɗan wasa a guje, ya kuwa sadaukar da aikinsa da mutuncinsa ya tare ta.

To ka ji. Kafin ka raina shirun tsoho, ka tuna Hausawa sun ce abin da babba ya hango, yaro ko ya hau rimi ba zai hango shi ba.