Muryar Aro

Ta shigo silimar unguwar Asakusa tana wasiwasi: ta bar mijinta ko ta ƙara haƙuri? Ta zauna, ta miƙe, ta sake zama.

A wancan zamanin fim ba ya magana, don haka mijin ne ke tsaye gefen allo yana ara wa 'yan wasa murya. Kullum tana masa uzuri cewa gajiya ke hana shi jin kukanta.

Matar cikin fim ta buɗe tukunya wayam. Ya siranta murya: "Maigida, shinkafa ta ƙare, ni ma saura kaɗan."

Maganarta ce ta jiya, har da shessheƙar.

Tsohuwar gefenta ta share hawaye. "'Yar nan, matar mai muryar nan ta yi dacen miji!"

Ashe yana ji. Kafin a tafa masa, ta kama hanyar tashar jirgin ƙasa.