Gangar da ta kayar da Inna

Tun da hawan jini ya shanye wa Inna ɓarin jikinta na hagu, burinta ɗaya ne a duniya: ta taka da ƙafarta zuwa banɗaki ba sai 'ya'yanta sun cicciɓe ta ba. Mace ce mai kunya. Duk sanda aka ɗaga ta sai ta kawar da kai, hawaye na bin kumatunta.

A asibiti aka haɗa ta da wata ma'aikaciya da marasa lafiya ke kira Likitar Kiɗa. Ba mawaƙiya ba ce, karatun jinya da kiɗa ta yi, kuma tare da likitoci da masu gashin ƙashi take aiki. Takan tsayar da Inna tsakanin ƙarafa biyu na dafawa, a ɗaura mata ɗamara a ƙugu, mai gashin ƙashi ya riƙe ta ta ɓangaren da ya shanye. Sai ta zuba wa ƙafafun ido, ta ga yadda suke iya takawa, sannan ta buga 'yar gangarta daidai da takun. Ƙafa na fara ja, sai ta sassauta ko ta tsaya.

Sannu a hankali ƙafar ta fara jin kiɗan. Inna ta koma ba ta da zance sai na "'yar nan tawa mai ganga".

Nan fa gizo ke saƙar. Babban ɗan Inna makaɗi ne, Gwani ake ce masa, ba a babban biki a garin babu shi. Kuma tun yana saurayi Inna ba ta taɓa zama ta saurari kiɗansa ba, iyakarta ta ce, "Allah ya shirye ka." Yau ga ta tana washe baki saboda wata yarinya na buga dum, dum, kiɗan da ko ɗan koyo ba zai yi a gaban mutane ba. An ce kishi kumallon mata, to wannan karon namiji ne ya yi ta amansa.

"Wannan ne kiɗan?" ya tambayi Likitar Kiɗa rannan da ya raka Inna asibiti, yana taɓe baki. "Ni da hannun hagu ina barci zan yi wanda ya fi shi."

"Na yarda ka fi ni hannu, Malam," ta ce. "Amma kai mutane ne ke bin kiɗanka, ni kuwa ƙafar Mama nake bi. Ka zo gobe in nuna maka yadda za ka taimaka mata a gida."

Wai shi za a koya wa ganga. Maganar ta tsaya masa a wuya. Da ya ji abokan sana'a sun fara tsokanarsa, "Gwani, ashe hayar makaɗiya aka yi wa tsohuwa?" sai ya rantse Inna ta gama zuwa wurin nan.

Auta, ƙanwarsa mai kwana da Inna, ta ce, "Yaya, don Allah ka bari. Sauƙi fa ake samu."

"Uwata ce ko uwar yarinyar can? Kiɗa dai ake so, ga shi a gida."

Washegari da hantsi ya ture kujerun falo gefe, ya naɗe darduma, ya zauna da babbar gangarsa. Babu ƙarfen dafawa, babu ɗamara, sai sanda da kafaɗar Auta. Da fari ya buga a hankali, Inna ta taka, ta sake takawa. Ta ɗago ta dube shi ta yi murmushi.

Murmushin nan ya gama da shi. Abin da ya daɗe yana jira ke nan. Hannunsa ya yi abin da ya saba yi idan fili ya ɗau zafi: ya ƙara sauri, ya sa kwalliya, ya lumshe ido yana kaɗa kai. Bai ga ƙafar hagu ta fara ja ba. Bai ga sandar ta zame a kan siminti ba. Salatin Auta ne ya buɗe masa ido, ya tarar da Inna a ƙasa, ƙafar ta juya wani iri.

Ƙashin ƙugu ne ya karye. Aka yi aiki, amma ga shekaru ga shanyewar jiki, likita bai ɓoye musu ba: da wuya ta sake tsayawa. Likitar Kiɗa ta leƙo ɗakin da aka kwantar da Inna. Ta zauna tana rera wa Inna wata waƙa ƙasa-ƙasa don numfashinta ya daidaita, zafin ya lafa. Aikin da ya rage mata ke nan.

Da ta fita, Gwani ya durƙusa a bakin gado. "Inna, me ya sa ba ki ce in tsaya ba?"

Ta amsa da harshenta mai nauyi. "Na ji kiɗan ya fi ƙarfina. Amma na ga kana murna, sai na ce bari in yi ƙoƙari."

Har yau a kan gado ake yi mata komai, kuma Gwani na cikin masu juya ta.

Jama'a, jinya da kiɗa ilimi ne da ake karantawa, yana da ƙa'ida kamar allura da magani. Iya ganga daban, iya jinya daban. Idan wani ya fi ka amfani ga majinyacinka, ka haɗiye kishinka ka ba shi wuri, domin kai ke jin haushin, amma jikin mara lafiya ne zai ɗauki raunin.