Dariyarta a Bakin Baturiya

A cikin kwalekwalen Auyo ta ji muryarta na fitowa daga wayar wani fasinja.

Shekara da shekaru ita ce bakin wata jarumar Rasha a finafinan fassara. Baturiya ta yi kuka, ita ta mayar da shi Hausa. Rannan mijinta, mai situdiyon fassarar, ya ce mata, "Kasuwa ta mutu, ki huta."

"Malam, sabon fim ne?" ta tambayi fasinjan.

"Jiya ya fito, Hajiya. Wai na'ura ke maganar yanzu."

Sai jarumar ta yi dariya a cikin wayar, 'yar siririya mai ƙarewa da shaƙuwa. Ita kuwa mai muryar ba ta taɓa yin wannan dariyar a situdiyo ba. A ɗaki take yinta, mijinta kaɗai take yi wa.