Ranar da Paris Ta Tuna da Maryvonne

Maryvonne na buɗe taga ta ji muryarta tana tashi daga shagon burodin da ke ƙasa. Waƙar da ta rubuta tana budurwa ce, rabon da a saka ta har ta manta. Ta kunna rediyo, ita ce. Ta canza tasha, ita ce dai.

Ta shafa jan baki, ta sauko da sauri. Furanni ne jibge a ƙofar gida. Sai da ta sunkuya ta ga irin waɗanda ba a kai su ko'ina ne sai maƙabarta.

Ta koma sama ta kira manajanta Gaspard, wanda ya daina ɗaukar wayarta tun bara. Bugu ɗaya ya ɗauka.

"Gaspard, wa ya mutu?"

"Ke mana, ranki ya daɗe. Wata jarida ce ta yi kuskure."

"To ka ƙaryata! Ga ni da raina!"

Ya yi gyaran murya. "Shekara ashirin kina da ran, wa ya neme ki? Tun hantsi faifanki ya ƙare a kasuwa. Don Allah kada ki leƙa taga, ki daure zuwa Litinin."